Rashtrapati Bhavan: yadda gidan Wakilin Sarkin Ingila ya koma fadar shugaban Indiya

A bisa tudun Raisina, a tsakiyar sabon birnin Delhi, akwai wani makeken gida mai hawa huɗu da ɗaki 340. Nan ne mazaunin shugaban ƙasar Indiya, sunansa Rashtrapati Bhavan. Waɗanda suka aza harsashinsa ba su taɓa kawo wa ransu cewa wata rana Ba'indiye zai kwana a ciki a matsayin mai gida ba. Turawan Ingila ne suka gina shi domin Wakilin Sarki, wato mutumin da ke riƙe da Indiya a madadin gadon sarautar Birtaniya. Shekara 17 aka yi ana aikin, daga 1912 zuwa 1929, amma ba su cika shekara 18 suna mulki daga cikinsa ba suka tattara nasu-ya-nasu. Mai kallon hoton gidan zai ɗauka aikin gwani ɗaya ne da aka sakar wa mara ya yi yadda ya ga dama. Alhali kusan duk abin da ya sa ginin ya fita daban gardama ce ta haife shi, kuma a manyan gardandamin mai zanen ne ya sha ƙasa.

Kafin 1911 Kalkata ce hedikwatar mulkin Ingila a Indiya. A can Wakilin Sarki yake da fadarsa tun farkon ƙarni na 19, in zafi ya matsa kuma gwamnati ta kwashi takardunta ta hau tsaunukan Simla. Abin da ya ɓata zaman Kalkata shi ne raba lardin Bengal gida biyu da Wakilin Sarki Lord Curzon ya yi a 1905. Bengalawa suka tashi tsaye, aka ƙaurace wa kayan Ingila, matasa suka fara jefa bama-bamai. Turawa suka ga dole su janye rabon, amma ba sa so a ce matsin talakawa ne ya tanƙwara su. Sai suka haɗa janyewar da wani babban labari da zai danne ta. Ranar 12 ga Disamba 1911, a taron Darbar na Delhi, Sarki George na Biyar ya sanar da bakinsa cewa an soke rabon Bengal, kuma hedikwata za ta tashi daga Kalkata ta koma Delhi. An riƙe sirrin sosai, har manyan jami'ai da dama a wurin suka fara ji.

Zaɓen Delhi yana da nasa lissafin. Nan ne gadon sarautar Mughal, sarakunan Musulmi waɗanda Turawan da kansu suka kawo ƙarshensu bayan tawayen 1857, suka kai sarkinsu na ƙarshe, Bahadur Shah Zafar, zaman gudun hijira a Rangun. Zama a Delhi na nufin su ne magadan wannan daula. Akwai kuma batun lallashin Musulmi, waɗanda soke rabon Bengal ya raba su da lardin da suke da rinjaye a cikinsa.

Kwana uku bayan sanarwar, Sarki da matarsa suka aza duwatsun harsashi a arewacin tsohon birnin. Da kwamitin tsara gari ya zo a 1912 ya duba wurin, sai ya ga fadama ce, ga ambaliya ga sauro. Aka koma kudu, Wakilin Sarki na lokacin, Lord Hardinge, ya amince da tudun Raisina, aka tono duwatsun da Sarki ya aza aka kawo su nan. Wurin kuwa ba kango ba ne. Akwai ƙauyukan Raisina da Malcha, kuma an tashi iyalai wajen 300 aka karɓe fili kimanin eka 4,000 a ƙarƙashin dokar karɓar filaye ta 1894. A yawancin bayanan da ake yi wa masu yawon buɗe ido, layi ɗaya ake ba waɗannan mutane, in ma an tuna da su.

A cikin wancan kwamiti akwai Edwin Lutyens. A lokacin an san shi ne da zana wa attajiran Ingila gidajen hutawa a ƙauye, bai taɓa yin wani gini da ya kama ƙafar wannan ba. Yana auren 'yar Lord Lytton, wanda ya taɓa zama Wakilin Sarki a Indiya, kuma wannan surukuta ba ta rage shi da komai ba wajen samun aikin. Aka haɗa shi da tsohon abokinsa Herbert Baker, wanda ya yi ginin gwamnati na Pretoria a Afirka ta Kudu. Aka raba musu aiki: Lutyens ya ɗauki tsarin gari da gidan Wakilin Sarki, Baker ya ɗauki manyan gine-ginen sakatariya guda biyu.

Gardama ta farko a kan salo aka yi ta. Lutyens mutum ne da ya yi imani da tsarin ginin Girka da Rum, kuma wasiƙun da ya riƙa aika wa matarsa sun nuna bai ɗauki gine-ginen Indiya a bakin komai ba. Yana ganin ado ne aka jibga ba tare da lissafi ba. A ɗaya ɓangaren akwai irin su E. B. Havell, tsohon shugaban makarantar zane ta Kalkata, da ke cewa Indiya na da maginanta na gado, a ba su aikin. Hardinge ya tsaya a tsakiya, sai dai tsayuwarsa ta ɗan siyasa ce: yana son gini na Turai wanda Ba'indiye zai kalla ya ga wani abu nasa a jiki. Hardinge, mutumin da aka jefa wa bam yana bisa giwa a unguwar Chandni Chowk ranar 23 ga Disamba 1912, ranar da ya shigo sabuwar hedikwatar a hukumance, ba ya bukatar a faɗa masa muhimmancin lallashin jama'a. Ya tura Lutyens ya zaga Agra da Jaipur da Mandu ya buɗe ido. Ya nemi bakunan ƙofofi su zama masu tsini irin na masallatan Mughal. A nan Lutyens ya kafe, ya ce sai masu zagaye irin na Rum, kuma ya yi nasara. A sauran abubuwa dole ya sassauta.

Abin da ya fito daga wannan ja-in-ja shi ne ya fi cancantar a tsaya a kansa. A lokacin akwai salon da injiniyoyin Turawa suka saba yi a Indiya, su gina tashar jirgi ko kotu irin ta Ingila sannan su liƙa mata ƙubbobi da hasumiyoyi. Lutyens ya ƙi jinin wannan. Da aka tilasta masa ɗaukar wani abu daga Indiya, sai ya zaɓi abubuwan da suke da aikin yi, ya cusa su cikin ƙashin ginin.

Na farko shi ne abin da Indiyawa ke kira chhajja: siririn falalen dutse da ke fitowa daga saman bango kamar rumfa, ya kewaye gidan. A wannan gini ya fito har ƙafa 8. Yana tare rana daga tagogi, yana kuma watsar da ruwan damina nesa da bango. Ban da wannan, yana zana baƙin layin inuwa a jikin ginin daga wannan kusurwa zuwa waccan. A ƙasar da rana ke da ƙarfi irin na Delhi, ƙananan sassaƙe-sassaƙen da ake yi wa gine-gine a Landan ɓacewa suke cikin haske, inuwa ce kawai ido ke kamawa daga nesa. Lutyens ya gane haka. Na biyu shi ne jaali, dutsen da ake huhhuda shi kamar raga, iska ta shiga, zafin rana ya tsaya a waje. Na uku chhatri, 'yan ƙananan rumfuna masu ƙubba da ake jerawa a kan rufi. A fadojin Rajasthan sukan tashi sama siri-siri, shi kuwa ya danne nasa suka zauna daɓas a bakin rufin, don kada su raba hankalin mai kallo da babbar ƙubba. Ya kuma bar baranda masu zurfi a jikin gidan, ya yi bangaye masu kauri, ya ɗora manyan tasoshin dutse a kan rufi da ruwa ke zuba daga cikinsu. Babbar matakalar da ke kai baƙi ɗakunan biki ma ba ta da rufi. An kewaye samanta da ado kamar za a rufe, sai aka bar ta a buɗe, mai hawa ya ɗaga kai ya ga sararin sama.

Ita babbar ƙubbar, wadda aka lulluɓe da tagulla, Lutyens ya ce daga haikalin Pantheon na birnin Rum ya samo ta. Amma duk wanda ya san tsohon ginin mabiya Buddha da ke Sanchi zai gane dangantakar da kallo ɗaya, musamman shingen dutsen da ya kewaye gindinta, wanda kusan kwafin na Sanchi ne. Mutumin da ya ce babu abin koyo a ginin Indiya, ya je ya ɗauko kambin gidansa daga ɗaya daga cikin tsofaffin gine-ginen ƙasar.

Ginshiƙan ma ya ƙirƙiro musu sabon salo da aka laƙaba wa sunan Delhi. A kan kowane ginshiƙi akwai ƙararrawa huɗu na dutse, ɗaya a kowace kusurwa, irin waɗanda ake gani a wuraren ibadar Hindu da Jain. Akwai zancen da ake yawan maimaitawa cewa tunda ƙararrawar dutse ba ta kaɗawa, ba za ta taɓa buga sanarwar ƙarewar daular ba. Sha biyu daga cikin irin waɗannan ginshiƙai ne ke tsaye a babbar ƙofar gabas. Kalar ginin kuwa iri biyu ce, jan dutse a ƙasa, mai ruwan madara a sama, yawanci daga mahaƙar Dholpur. Jan dutsen irin wanda sarakunan Mughal suka yi ganuwar fadarsu ta Delhi da shi ne, kuma da gangan aka zaɓe shi.

Sai batun kuɗi. Fam 400,000 aka ware da farko, kuma Hardinge ya sa Lutyens ya rage girman ginin da kusan kashi ɗaya cikin uku. Shekara huɗu aka yi wa aikin alkawari. Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ɓarke a 1914, kuɗi suka tafi fagen fama, aiki ya koma tafiyar hawainiya. Da aka gama, ginin kaɗai ya ci fam 877,136, in an haɗa da lambu da gidajen ma'aikata kuma ya kai rupi miliyan 14. An yi amfani da bulo wajen miliyan 700, ƙarfe kuwa kaɗan ne a jikinsa. Har layin dogo na musamman aka shimfiɗa don jigilar duwatsu. Hannun da ya yi aikin na Indiyawa ne: dubban leburori da masassaƙan dutse, da 'yan kwangila irin su Haroun-al-Rashid, wanda ya yi mafi yawan babban ginin, da Sujan Singh da ɗansa Sobha Singh, waɗanda suka yi farfajiyar gaba.

Gardamar da ta fi ci wa Lutyens rai ba da Hardinge ya yi ta ba, da abokinsa ya yi. A tsarin farko, gidan Wakilin Sarki ne kaɗai zai zauna a kan tudun, ofisoshi na ƙasa. Baker ya kawo shawarar a hau da sakatariyoyin biyu kan tudun su ma, gwamnati ta zama a dandamali guda. Aka yarda. Don a samar musu wuri sai aka ja gidan baya zuwa yamma, aka yanka hanya mai hawa a tsakanin gine-ginen Baker biyu. A 1913 Lutyens ya sa hannu a kan takardar da ta ƙayyade tsayin wannan hawa. Sai a 1916, aiki ya riga ya yi nisa, ya farga da abin da ya sa wa hannu. Mai tahowa daga gabas a kan babban titi yana hango gidan daga nesa, amma yana matsowa gidan na nutsewa a bayan hawan, har in ya iso gindin tudun ba abin da zai gani sai kan ƙubba, ga gine-ginen Baker dama da hagu sun cika ido. Lutyens ya kai ƙara ko'ina, har gaban Sarki George, yana neman a sake yanke hanyar. Gwamnati ta ce ba ta da kuɗin ɓarnatarwa ana cikin yaƙi. Ya kwatanta abin da kayen da Napoleon ya sha a Waterloo, kuma abotar da suka faro tun suna samari masu koyon aiki a ofishi ɗaya ta lalace shekara da shekaru.

Ni dai ina ganin tudun ya faɗi gaskiyar da Lutyens bai so ji ba. Ko a zamanin Turawa, ma'aikatan sakatariya ne ke juya Indiya yau da gobe. Bayan 'yanci kuwa abin ya ƙara fitowa fili: tsarin mulkin Indiya ya ba Firayim Minista iko, shugaban ƙasa uban ƙasa ne mai sa hannu. Shekaru da dama ofishin Firayim Minista da ma'aikatun tsaro da harkokin waje suna ginin Baker na kudu, na kuɗi da na cikin gida suna na arewa. Siyasa ta taɓa tsarin ta wani gefen ma. Da farko a cikin gidan Wakilin Sarki aka yi niyyar ba majalisar dokoki zaure, kamar wani sashe na fadarsa. Gyaran tsarin mulki na 1919 ya faɗaɗa majalisar, dole aka yi mata nata ginin mai zagaye a gefen tudun, wanda Baker ya zana aka buɗe a 1927.

Wakilin Sarki Lord Irwin ne ya fara tarewa, ranar 23 ga Disamba 1929. Da safiyar ranar bam ya tashi a ƙarƙashin jirgin ƙasan da ya ɗauko shi, dab da shiga Delhi, ya tsira ba ko ƙwarzane. Kafin watan ya ƙare jam'iyyar Congress ta zartar a Lahore cewa ba abin da za ta karɓa sai cikakken 'yanci, ta kuma sa 26 ga Janairu ta zama ranar shelanta hakan. An yi bikin buɗe sabon birnin a Fabrairun 1931, kuma a cikin watan Mahatma Gandhi ya fara zuwa gidan yana tattaunawa da Irwin, har suka cimma yarjejeniya ranar 5 ga Maris. Winston Churchill ya fito fili ya nuna takaicinsa da ganin mutum ɗaure da ɗan gyauto yana hawa matakalar fadar don ya zauna da wakilin Sarki kafaɗa da kafaɗa.

Wakilan Sarki biyar kacal suka zauna a gidan: Irwin, Willingdon, Linlithgow, Wavell da Mountbatten. Matar Willingdon ta bi ɗakuna tana sauya fenti da kayan ɗaki yadda ranta ya so, abin da ya fusata Lutyens, har aka sake gayyato shi a 1938 ya gyara. Abu ɗaya nata da ya tsira shi ne rufin babban ɗakin rawa. A tsakiyarsa akwai zanen Fath Ali Shah, sarkin Farisa, yana farauta da 'ya'yansa, ita kuma ta sa wani mai zane ɗan Italiya, Tommaso Colonnello, ya cike sauran rufin da zane mai kama da shi.

Ranar 15 ga Agusta 1947, a zauren Darbar da ke ƙarƙashin ƙubba, aka rantsar da Jawaharlal Nehru a matsayin Firayim Minista. Nan take tambaya ta taso: me ƙasar da ke fama da talauci da miliyoyin 'yan gudun hijira za ta yi da gida mai ɗaki 340? Gandhi ya so a mayar da shi asibiti. Ba a bi shawararsa ba, amma kunyar abin ta kama waɗanda suka gaji gidan. C. Rajagopalachari, Ba'indiye na farko kuma na ƙarshe da ya riƙe muƙamin Gwamna Janar, ya tare a 1948, ya ga ɗakunan Wakilin Sarki sun yi masa yawa, ya koma 'yan ɗakuna a sashen baƙi. Ya sa aka nome wani yanki na filin aka shuka alkama saboda ƙarancin abinci. Shugabannin da suka biyo baya suka ɗore a kan haka, shi ya sa har yau shugaban Indiya a tsohon sashen baƙi yake zaune, ainihin ɗakunan mai gida kuma aka bar wa shugabannin ƙasashen waje masu ziyara. Ranar 26 ga Janairu 1950 Rajendra Prasad ya zama shugaban ƙasa na farko, gidan ya samu sunan da yake amsawa yanzu.

(Rabon gado tsakanin Indiya da Pakistan ya shafi har barga. An raba dakarun dawakin da ke gadin Wakilin Sarki, amma keken dokin alfarma ɗaya ne, ba ya rabuwa. Tsabar kuɗi aka jefa sama, Indiya ta ci.)

Me ya sa Indiya ta iya riƙe gidan ba tare da ya zame mata abin kunya ba? Ina ganin amsar na cikin abubuwan da aka tilasta wa Lutyens. Da an bar shi ya kafa fadar Rum tsantsa a kan tudun, da wuya a raba ta da warin mulkin mallaka. Amma gida mai ƙubbar Sanchi da jan dutsen Mughal da giwayen dutse a bakin ƙofa, ana iya cewa namu ne ba a yi ƙarya ƙwarai ba. Sabbin masu gidan sun ƙara nasu. Inda kujerun sarautar Wakilin Sarki da matarsa suke a da, yanzu gunkin Buddha ne na zamanin daular Gupta yake tsaye. A babbar ƙofa an kafa bijimin dutse na Rampurva, daga zamanin Sarki Ashoka, ƙarni na uku kafin haihuwar Annabi Isa. Su kansu mazauna gidan sun sauya ma'anarsa: Zakir Husain, Musulmi na farko da ya hau kujerar a 1967, ya kuma rasu a kanta a 1969, K. R. Narayanan a 1997, daga cikin Dalit da al'ada ta mayar ƙasƙantattu. Droupadi Murmu a 2022, 'yar ƙabilar Santal. Ba duk tarihin ne mai daɗi ba. A nan ne shugaban ƙasa Fakhruddin Ali Ahmed ya sa hannu a kan dokar ta-ɓacin Firayim Minista Indira Gandhi a daren 25 ga Yuni 1975.

A 'yan shekarun nan gwamnatin Narendra Modi ta ɗauko aikin goge sunaye. Babban titin da Turawa suka kira Kingsway, aka mayar Rajpath bayan 'yanci, ya koma Kartavya Path a Satumban 2022. A Yulin 2024 zauren Darbar ya koma Ganatantra Mandap. Waɗannan ba su da wuyar fahimta. Wanda ya jawo surutu shi ne lambun da ke bayan gidan, mai faɗin eka 15, wanda Lutyens ya tsara da magudanan ruwa masu gicciye juna irin na lambunan Kashmir, ake kuma buɗe wa jama'a duk shekara wajen Fabrairu da Maris. Lambun Mughal ake ce masa, sai a Janairun 2023 aka mayar da shi Amrit Udyan. Masu suka suka ce Mughal ba Turawa ba ne, sarakuna ne Musulmi da suka yi ƙarnuka a ƙasar, kuma cusa su cikin jerin abin da za a goge da sunan kawar da mulkin mallaka wata manufa ce daban. Ina ganin suna da hujja, domin sunan bayanin salon lambun yake yi, salon kuwa yana nan yadda yake.

Sauyin bai tsaya a sunaye ba. A Mayun 2023 aka buɗe sabon ginin majalisa, a Satumban shekarar kuma 'yan majalisa suka bar zagayayyen ginin Baker. Sakatariyoyinsa biyu ma an tsara kwashe ma'aikatu daga cikinsu a mayar da su gidan tarihi na ƙasa. Idan aka kammala wannan, cikin manyan gine-ginen mulki huɗu da Turawa suka kafa a Raisina, gidan Lutyens ne kaɗai zai rage yana aikin da aka gina shi dominsa.